Yadda wurin Zanzibar ya karya kuɗin ƙasar Hausa

A watan Fabrairun 1851, lokacin da Bajamushen nan Heinrich Barth, wanda mutanenmu suka sani da Abdulkarim, ya shigo Kano, ana canza riyal ɗaya na azurfa a kan wuri 2,500, wato ɗan ɓawon tekun nan da yake kuɗi a lokacin. Ya rubuta cewa da wuri dubu hamsin zuwa sittin magidanci zai riƙe iyalinsa shekara guda cur, ci da sha da sutura, ba tare da ya takura ba. Kafin ƙarnin ya ƙare, riyal ɗin nan ya koma wuri 5,000. Kada kuma a manta, ita kanta azurfar tun daga 1873 take zubewa a kasuwannin duniya, har ta rasa kusan rabin darajarta. Ke nan wuri ya faɗi ne a gaban abin da shi ma faɗuwa yake yi. A Ikko abin ya fi muni. Wuri 2,000 da ake bayarwa a kan sule huɗu da ɗoriya wajen 1850, a tsakiyar shekarun 1890 sisi ne kuɗinsa.

Wanda ya tafi neman sanadin wannan faɗuwa a fadar Kano ko a fagen fama zai sha wahalar banza. Sanadin yana can gaɓar Zanzibar, cikin ruwan da bai wuce gwiwa ba, inda wata 'yar halitta ke jan ciki a kan duwatsu tana kankarar gansakuka. Ita da wadda ɓawonta ya zama kuɗin kakanninmu 'yan ɗaki ɗaya ne a wajen masana, amma ba iri ɗaya ba ne. Ba a gane abin da ya faru a kasuwa sai an fara duba halittar kanta.

Mai gidan da ke cikin ɓawon

Mun saba ganin wuri busasshe, a faifan mai koli, ko ɗinke a jikin layar ɗan dambe, ko a kitson Fulani, har mukan manta cewa gida ne, kuma da mai gidan a ciki kafin ya iso hannunmu. Mai gidan dodon koɗi ne na teku. Yana cikin babbar zuriyar halittu masu taushin jiki marasa ƙashi, wadda masana ke kira moluska. An ƙidaya irinsu masu rai wajen 85,000, kuma in aka cire zuriyar ƙwari da gizo-gizo da ƙaguwa, babu wadda ta kai su yawan iri. Zuriya ce da 'ya'yanta ba sa kama da juna ko kaɗan. Katantanwar da yara ke murzawa a ƙasa tana ciki. Masu ɓawo biyu da ake tsinta a yashin kogi in ruwa ya janye suna ciki, haka 'yan'uwansu na teku da ake ciro lu'ulu'u daga cikinsu. Oktofus mai hannu takwas, wanda ya yar da ɓawo gaba ɗaya ya koma dogaro da wayo da sauya launi, shi ma ɗan gidan ne. Akwai wanda sai da madubin ƙara girma ake ganinsa sosai, akwai na can ƙarƙashin teku da tsawonsa ya haura mita goma. Abin da ya haɗa su kaɗan ne: tsoka guda da suke tafiya ko haƙa ko kamu da ita, da wani mayafin nama da ke lulluɓe kayan cikinsu, wanda shi ne ke fitar da sinadarin da ke daskarewa ya zama ɓawo. Yawancinsu kuma suna da harshe mai jerin ƙananan haƙora na kankarar abinci, ban da masu ɓawo biyu, waɗanda tace ruwa suke yi.

A wajen mayafin nan ne wuri ya saɓa wa danginsa. Katantanwa daga baki take ƙara gininta, zagaye bayan zagaye, tsohon ginin kuwa yana waje rana na dukansa ƙasa na gogarsa, shi ya sa za ka gan ta a koɗe, da kaushi, ka taka ta ta ruguje. Shi wuri mayafinsa fiffike biyu ne. In hankalinsa a kwance yake sai ya fito da su ta hagu da dama, su hau bayan ɓawon su haɗu a tsakiya, su rufe shi ruf, ta yadda wanda bai sani ba zai wuce shi cikin ruwa bai gane wuri ne ba. Kana taɓa shi ya zuƙe su ciki, ɓawon ya bayyana fes. Duk tsawon rayuwarsa mayafin na shafa wa ɓawon sabon rufi daga waje. Ƙyallin nan da ake gani ba wani ne ya goge shi ba, haka yake fitowa daga ruwa.

Girmansa ma daban ne. Yana ƙarami ɓawonsa siriri ne, a murɗe irin na sauran dodon koɗi, da faffaɗan baki. Da ya balaga sai leɓen ya naɗe ciki, bakin ya tsuke ya zama doguwar tsaga mai haƙora gefe da gefe, murɗin ya ɓuya a ciki. Daga nan ya daina tsawo, sai dai kauri. Tsagar kariya ce, don ƙaguwa ba ta samun inda za ta zura ƙafa ta ɓalle shi. To amma duba abin da wannan ya haifar a kasuwa. Tun da baligan wuri na yanki ɗaya kusan girma ɗaya suke tsayawa, ana iya ƙidaya su ƙwaya-ƙwaya ba sai an ɗora a ma'auni ba. Kaurin ya sa wuri zai yi shekara ɗari yana yawo daga wannan hannu zuwa wancan bai fashe ba. Ba ya tsatsa, gara ba ta cinsa, ruwa ba ya ɓata shi, abin da ba za a faɗa ba game da gabaga, ƙyallen saƙin da Barebari ke ciniki da shi a da. Babu maƙerin da zai iya ƙera jabunsa. Cikinsa shafaffe ne, bayansa tudu, saboda haka yana zama daram a ƙasa, yatsa kuma na jansa ba wuya. Dabbar ta samu waɗannan halaye ne don ta tsira da ranta, sai ga shi sun dace da buƙatar mai sayar da ƙosai.

Saura abu ɗaya, kuma shi ne jigo: ƙaranci. A inda yake rayuwa wuri ba shi da wata tsada. Macen takan zuba ƙwai a ƙarƙashin dutse ta kwanta a kai, ta rufe su da ƙafarta har su ƙyanƙyashe, 'ya'yan su bi ruwa suna shawagi kwana da kwanaki kafin su sauka su zauna. Ta haka ya bazu tun daga gaɓar gabashin Afirka har tsibiran tekun Fasifik. Sai dai ruwan ɗumi yake so, kuma sanyin ruwan kudu maso yammacin Afirka ya tare masa hanya. A gaɓar Atilantika akwai wasu irin wuri, amma babu wannan. Kusan duk ƙwayar da aka taɓa sayen goro da ita a kasuwar Kurmi ta Kano sai da ta tsallako teku. Nisan ne ya ba ta daraja.

Dangin wuri sun haura iri 200, wasu masu zanen damisa, wasu cike da tafin hannu. Biyu ne suka shafe mu, kuma masanin nan ɗan Suwidin, Linnaeus, ya raɗa wa su biyun suna a 1758. Na farko, wanda yanzu ake kira Monetaria moneta, fari ne mai sirkin rawaya ko kore-kore, gefensa da 'yan ƙulle-ƙulle, yana da kafaɗu. Na biyu, Monetaria annulus, sumul yake, bayansa toka-toka mai ɗan shuɗi, da zobe ruwan lemo zagaye da tudun. Wani sa'in na farkon ma yakan fito da ɗan zobe dishi-dishi, ya rikita mai dubawa. Wani abin lura shi ne, ko a cikin iri ɗaya girma na bin yanki. Moneta na tsibiran Maldif ƙanana ne ƙwarai, ƙwaya ɗaya ba ta wuce giram ɗaya da ɗan kai ba. Wannan ƙanƙanta ita ce ta sa ya dace da doguwar tafiya.

Daga Maldif zuwa Kurmi

Maldif tsibiran murjani ne kusan 1,200 a kudu maso yammacin Indiya, ƙasar Musulmi tun 1153. Shinkafa ba ta yi a can, arzikinsu kwakwar attagara ce da kifi da wuri. Marubutan Larabawa tun ƙarni na 9 da na 10 sun bayyana yadda ake kamun: a saro ganyen kwakwa a jefa cikin ruwa marar zurfi, halittun su hau su manne, a janyo su gaɓa. Ibn Battuta, wanda ya yi alƙalanci a tsibiran wajen 1344, ya ce akan zuba su a rami a bakin teku har naman ya narke ya bar farin ɓawo. Wani Bafaranshe, François Pyrard, da jirginsu ya fashe a can a 1602 ya maƙale shekara biyar, ya ga mata na shiga ruwa iya ƙugu suna tsinta a kwanakin tsayuwar wata da na cikarsa, lokacin da teku ke janyewa sosai. Akan ɗure 12,000 a kwandon ganyen kwakwa, a loda wa jirage su kai Bangal, a gabashin Indiya, su dawo da shinkafa. Cinikin yana hannun sarkin tsibiran. Wato adadin wurin da ke fita duniya yana da linzami: ƙarfin hannun masu tsinta, da iznin sarki.

Ibn Battuta yana cikin 'yan ƙalilan da suka ga bakin zaren biyu. A Maldif ya ga ana ba da wuri 400,000 a kan dinari ɗaya na zinariya, wani lokaci ma ya fi haka araha. Da ya zo Mali da Gao bayan 'yan shekaru, ya tarar dinari ɗaya wuri 1,150 ne. Ninki sama da ɗari uku ke nan, kuma duk hanya ce ta ci shi: jiragen Yaman, Bahar Maliya, Masar, Magrib, sannan raƙuma su keto Sahara. A 1964 masanin Faransa Théodore Monod ya tono kayan wani ayari da aka binne cikin hamadar Muritaniya tun ƙarni na 11 ko na 12, sandunan tagulla sama da dubu biyu tare da tarin wuri, mafi yawansa moneta.

Turawa ne suka buɗe hanyar teku. 'Yan Fotugal suka fara, wajen 1515, daga baya Holan da Ingila suka ƙwace cinikin. Dabarar ba ta da wuya. Jirgin da ya ɗauko kayan yaji da tufafi daga Asiya dole ya zuba wani abu mai nauyi a gindinsa don kada iska ta kifar da shi. Maimakon yashi ko dutse sai a zuba wuri, wanda ruwan gishiri ba ya yi wa komai, kuma kusan kyauta aka yi dakonsa. A Amstadam da Landan a yi gwanjonsa, a sake loda shi a jiragen da za su gaɓar Afirka. Tsakanin 1700 da 1790 waɗannan ƙasashe biyu sun shigo da sama da tan 11,000, wuri wajen biliyan goma. Abin da suka saya da shi mutane ne. A Wida da sauran tashoshin gaɓar Dahomi, farashin bawa ɗaya ya haura wuri 150,000 a shekarun 1770. Kuma hanyar ba ta da komowa, domin Bature yana sayar da wuri amma ba ya karɓarsa. Duk abin da ya sauka gaɓa, nan zai zauna.

Tarihin Kano ya ce a zamanin Sarki Muhammadu Sharefa, 1703 zuwa 1731, wuri ya fara shigowa ƙasar Hausa. Lokacin ya dace da ambaliyar gaɓa, kuma ta kudu ya fi hawowa, ta ƙasar Yarbawa da Nufe, da kuma hanyar goro ta Gwanja. Bayan jihadin 1804, da Daular Sakkwato ta haɗe garuruwa cikin kasuwa guda, wuri ya zama kuɗin kowa: kuɗin ƙasa, kuɗin karofi, sadaki, ladan dillali, har da abin zubawar 'yan caca. Barno ma, da ta daɗe tana riƙe da gabaga, ta karɓe shi a ƙarshen shekarun 1840, zamanin Shehu Umar.

A Tasawa Barth ya zauna ya ga yadda ake ƙidaya. A gaɓa huda wuri ake yi a shiga da shi zare, amma a ƙasar Hausa a warwatse yake, sai a zazzage buhu a ƙasa, mai ƙidaya ya durƙusa yana jan biyar-biyar da yatsu, ya tara hauya goma, wato ɗari biyu, gefe guda, in tsibi biyar suka cika ya haɗe su dubu. Ko buhun sarki ne, babu mai karɓa sai ya sake ƙidayawa. Barth ya ce ƙidaya wuri 500,000 aikin jarumta ne. Buhun kaba mai cin 20,000, keso ke nan, ya ɗan haura kilo ashirin in na Maldif ne, daidai kayan kan mutum ɗaya. Kuɗin cefanen shekara da Barth ya ambata keso uku ne. Ya kuma kimanta tufafin da Kano ke fitarwa a shekara da aƙalla wuri miliyan 300, keso 15,000 ke nan in da za a jera su.

A ganina masu kallon wannan a matsayin ci baya ba su yi wa lamarin adalci ba. Ƙwayar wuri ɗaya kashi ɗaya ce cikin 2,500 na riyal. Babu wata ƙasar Turai a lokacin da ke da ɗan canji ƙarami haka. Yarinya za ta iya sayen gishirin miya ɗaya, almajiri ya sayi loma biyu ta fura, kowa ya biya daidai abin da ya ɗauka ba bashi ba ciko. Raunin wuri a manyan ciniki yake, da kuma cewa makullin rumbunsa yana hannun baƙi.

Shigowar ɗan'uwan

Da Ingila ta haramta wa mutanenta fataucin bayi a 1807, cinikin wuri ya yi sanyi na ɗan lokaci, sai manja ya farfaɗo da shi. Masana'antun Turai na son manja don sabulu da kyandir da shafa wa injuna. Shi kuwa manja ba irin bawa ba ne da ake saye a hannun sarki ko babban attajiri. Dubban mata ne ke kawo shi tulu-tulu, kowace tana son kuɗinta a hannu. Buƙatar ƙananan kuɗi ta tashi, Maldif kuma ba za ta iya ninka abin da take tsinta dare ɗaya ba.

Wajen 1845 wani ɗan kasuwar Hambag ta Jamus, Adolph Jacob Hertz, ya gwada abin da ba a saba ba: ya lodo annulus daga Zanzibar, inda yake jibge a gaɓa ba mai damuwa da shi, ya kawo yammacin Afirka kai tsaye ba tare da ya bi ta Turai ba. Ba wanda aka yaudara. Matar da ta ƙidaya wuri tun tana yarinya ba za ta kasa ganin zoben nan ba, ko ta kasa jin bambancin nauyi a tafinta. Da fari an yi ta ɗari-ɗari da shi. Amma kasuwa na cikin ƙishin kuɗi, baƙon wurin kuma ya fi araha a hannun Bature, saboda haka a Wida da Ikko da ƙasar Yarbawa aka fara karɓa, aka gauraya shi da tsohon, har aka koma ƙidaya su ƙwaya da ƙwaya. Hausawa na cewa kama da wane ba ta wane, amma a nan ta yi, kuma yin nata ne ya jawo ɓarnar. A wasu kasuwannin ƙasar Ibo ba a yarda an gauraya ba, ƙananan da farashinsu, manyan da nasu.

Ganin riba, sai kamfanin O'Swald na Hambag da na Régis na Marsai ta Faransa da wasu suka shigo. Cikin shekara ashirin, daga farkon shekarun 1850 zuwa ƙarshen na 1860, nauyin annulus da suka sauke ya zarce na duk moneta da Holan da Ingila suka kawo cikin shekara casa'in na ƙarnin da ya gabata. A gabashin Afirka babu sarki guda da ke riƙe da linzami. Gaɓa ce doguwa daga Lamu har Mozambik, kowa ya tsinto ya sayar.

Ba wannan ne karo na farko a Afirka ba. Masarautar Kwango tana da nata kuɗin ɓawo, nzimbu, na wani ƙaramin dodon koɗi dabam da mata ke tsinta a tsibirin Luwanda ƙarƙashin ikon sarki. A ƙarni na 17 'yan Fotugal suka riƙa kawo mai kama da shi daga Barazil, darajarsa ta rushe.

Illar annulus biyu ce, kuma ta biyun ce ta fi cin rai. Ya yi yawa, saboda haka darajar kowace ƙwaya ta ragu. Sannan na Zanzibar ya kusan ninka na Maldif nauyi. Keson da a da yake kilo ashirin da 'yan kai ya doshi arba'in, alhali abin da zai saya ya ragu. A Ikko a shekarun 1890, buhun da ƙato ke nishi kafin ya ɗaga sule biyar ne kacal. A Kano keson da ke riyal takwas zamanin Barth ya dawo riyal huɗu. Nisa ya ɗan kare Arewa, shi ya sa faɗuwar ba ta kai ta gaɓa ba: wuri ba ya hawowa sai an biya masu dakonsa. Amma wannan kariyar ita ce kuma cutar, domin kuɗin da dakonsa ke cinye shi ya daina amfani ga matafiyi.

Baturen Ingila Charles Robinson, wanda ya zo Kano a tafiyarsa ta 1894 zuwa 1895, ya ba da misalin da ya fi kowane lissafi. Dokinsu ɗaya ya kasa a hanya, ga masu saye, amma ba damar sayarwa. Ya ce kuɗin dokin in aka biya da wuri sai an ƙaro 'yan alaro goma sha biyar su ɗauka, kuma kafin a kai inda za a je ladansu ya cinye duk abin da suka ɗauko har da ƙari.

Fatake ba su zauna jiran tsammani ba. Madugu ya gwammace ya riƙe dukiyarsa a turkuɗi da kanwa da goro, ya sayar da kaɗan a kowane zango don guzuri. Riyal mai hoton Mariya Tireza, sarauniyar Ostiriya, wanda kowannensu ke ɗauke da shekarar 1780 ko yaushe aka buga shi, ya ƙara farin jini. Aka ƙara dogara da bashi da amana tsakanin fatoma da baƙonsa, a yi lissafi da wuri a baki ba tare da ƙwaya ɗaya ta motsa ba. Mafi munin mafita ita ce bayi. Masu tarihin Daular Sakkwato sun nuna yadda bawa ya zama babban kuɗi, ana biyan gaisuwa da manyan basussuka da shi, saboda dukiya ce da ke tafiya da ƙafarta har ta ɗauki kaya. Bauta ta riga annulus zuwa da nisa, ba shi ya kawo ta ba, amma kuɗin da ya kasa ɗaukar babban ciniki ya ƙara wa masu ita dalili.

Asarar kuwa ba attajiri ta fi faɗa wa ba, don shi yana da inda zai juya dukiyarsa. Ta faɗa wa wanda ajiyarsa wuri ce tsantsa: tsohuwar da ta binne tukunya a ƙuryar ɗaki, mai tara sadaki shekara da shekaru, wanda ya ba da rance aka dawo masa da adadi ɗaya bayan shekara goma.

Yadda aka ƙare

Turawan Ingila sun ci Kano da Sakkwato a 1903, a 1904 suka haramta shigo da wuri. Wani abin dariya shi ne, dokar ta mayar masa da abin da ya rasa, wato ƙaranci, saboda haka bai mutu nan take ba. Sule da sisi sun yi wa cefanen yau da kullum girma, dole gwamnati ta bugo anini, kashi ɗaya cikin goma na kobo, a 1907 da 1908, da huda a tsakiya da tauraro mai kusurwa shida da rubutun Larabci, don ya yi aikin da wuri ke yi. Abin da ya kashe wuri a zahiri haraji ne da gyaɗa. Hukuma ta matsa sai a biya haraji da kuɗin ƙarfe, jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, daga 1912 kuma kamfanonin gyaɗa suka fara zuba sulalla a hannun manoma. An kafa hukumar kuɗin Afirka ta Yamma ta Ingila a wannan shekarar. Sannu a hankali wuri ya koma ƙauye, daga can ya koma jikin ƙwarya da faifan mai duba.

A kudu maso gabashin Nijeriya, inda ake ciniki da mundayen tagulla, gwamnati ta fanshe su a 1948 zuwa 1949, ta karɓi sama da miliyan 30 ta biya masu su. Wuri ba a taɓa fansarsa ba. Wanda ya kwana da keso ya tashi da keso. A arewacin Gana da kudu maso yammacin Burkina Faso mutane sun yi tirjiya, suka ci gaba da cin kasuwa da shi har shekarun 1940 duk da matsin Turawa, kuma a wajen ƙabilar Dagaba ta wannan yankin har yanzu yana shiga cikin kayan aure.